Abin da Ruma Ta Faɗa a Ƙarƙashin Bargo

Da sunan Allah nake farawa, kuma ina gode masa da ya bar mini 'yata da rai. Amma kada mai karatu ya ɗauka godiyar ta wanke mini zuciya. Har yau in na ji ƙaurin barkono a wuta, ko daga gidan maƙwabta ne, sai takaici ya taso mini sabo. Na rubuta wannan ne saboda matan da Allah ya ba yaro irin tawa, musamman na ƙauyukanmu, don kada a zo musu da abin da aka zo mini da shi su tsaya kallo.

Sunana Hadiza, a Kebbe nake aure. Rumasa'u ce ta uku a 'ya'yana, Ruma muke kiranta, shekararta bakwai lokacin da abin ya faru. Tun tana goye na san ba kamar yayyenta take ba. Ba ta kallon mutum a ido. Ka kira sunanta har muryarka ta dushe ba za ta waiwayo ba, amma a ɓare alewa a bayan ɗaki sai ka gan ta. In aka tayar da injin niƙa sai ta toshe kunnuwa ta kwanta a ƙasa. Aikinta kullum jera ƙwallon goruba a gindin bango, in wani ya gusar da ɗaya, to ranar nan gidan ba zaman lafiya. Ba ta taɓa ce mini Inna ba, ba ta taɓa ce wa ubanta Baba ba.

Amma fa ba bebiya ba ce. Duk abin da ya shiga kunnenta ajiye shi take yi. Kukan zakara, tashin babur, mai tallan manja, mai karanta labarai a rediyo da Hausarsa ta Kano, duk suna cikinta. Sai bayan kwana biyu, tana cikin jera gorubarta, ta fito da abin yadda ta ji shi, ba ragi ba ƙari. Sau nawa na fita da kwano da gudu don mai manja, na tarar babu kowa a ƙofar gida.

Maigidana mutum ne mai sanyi, noma da 'yan shanunsa kawai ya sani. Yana son yarinyar nan fiye da yadda yake iya nunawa. Kullum ya dawo daga gona sai ya jingine babur, ya tsuguna a gabanta, ya ce, "Ruma, ce Baba." Ita kuwa sai ta bi ta gefensa ta je tana juya ƙafar babur ɗin. Ya yi murmushi ya ce gobe ma rana ce. Lagonsa ɗaya, wansa Sahabi, wanda yara ke kira Baffa. Shi ya riƙe shi tun rasuwar mahaifinsu, shi ya yi masa aure, saboda haka in Baffa Sahabi ya ce fari baƙi ne, maigidana sai ya sunkuyar da kai ya ce haka ne, Yaya.

Abin ya taso ne bayan rasuwar surukata. Ranar sadakar arba'in mata sun cika tsakar gida, ana rabon waina, sai aka ji muryar tsohuwa daga gindin bango, har da ɗan tarin nan nata na kullum:

"Wa yab bar min buta cikin rana? Ɗiyan zamani ba ku da hankali!"

Kafin in juya, tsakar gida ta zama fili. Wata ta bar takalminta ƙafa ɗaya, har yau yana nan, kunya ta hana ta zuwa ɗauka. Na bi su ina cewa ku tsaya, maganar nan ai kullum tsohuwa tana yinta a gaban yarinyar, ji ta yi ta riƙe. Wa zai saurare ni? Da yamma Baffa Sahabi ya kira ƙanensa zaure, ina jin su ta taga.

"Wagga ba muryar yarinya ta ba," in ji shi. "Akwai wanda ka zaune cikin jikinta. Mun yi shiru da yawa, yanzu ga shi ya kai ga matattunmu."

Daga nan shawara ta fara zuba. Wata ta ce ina da cikinta na je rijiya da tsakar rana. Wata ta ce na zubar da ruwan zafi ban yi bisimilla ba. Wata tsohuwa, da ko sau ɗaya ba ta taɓa ɗaukar Ruma ba, ta ce 'yar ruwa ce, a kai ta bakin gulbi a ajiye a ɓuya a ga abin da za ta zama. Kowa likita, kuma duk binciken nasu a kaina yake ƙarewa. Rubutun sha da addu'a ban ƙi ba, don sunan Allah ba ya cutar da kowa. Abin da ban sani ba, Baffa ya riga ya aika wa wani mai magani a wani ƙauye can gaba da Fakku.

Ranar da mutumin ya zo da buhunsa a bayan babur, abu na farko da ya yi shi ne raba yarinya da iyayenta. Ya tura maigidana kasuwa neman baƙar kaza wadda ba ta da ɗigon fari ko ɗaya. Ni kuma ya ce a fitar da ni, wai tausayin uwa yana karya magani. Aka kai ni gidan maƙwabta, mata biyu suka tsare ƙofa. An ce mini turare ne kawai za a yi mata. Ina zaune sai ƙauri ya tsallako katanga, mu da ke nesa ma muka kama tari. Barkono ne. Sai na jiyo ihunta can ƙasa-ƙasa, alamar an lulluɓe ta. Na ture ɗaya, ɗayar ta riƙe ni na gantsara mata cizo a hannu, kuma har yau ban ba ta haƙuri ba, ba ni da niyya.

Na same ta kwance a ƙasa, bargo a gefe, kasko yana hayaƙi. Idanunta sun kumbura, yawu yana zuba, ga ƙuna a ƙwaurinta inda ta shuri garwashi. Mai maganin yana tattara kayansa yana cewa saura kaɗan ya fita. Da maigidana ya dawo da kazarsa a hannu, Baffa ya tare shi tun daga zaure.

"Turare na anka yi mata kawai. Ita ko uffan ba ta ce ba, aljanin na yay yi ta ihu."

Makon farko tari ne ba dare ba rana, da zazzaɓi. Ko kunu ta ƙi. Na sayo maganin tari a kemis, na ba ta zuma, ba abin da ya sauya. Dangi suna leƙowa suna cewa alhamdu lillahi, ai fitar ce ke nan, yana kokawa ne. Abin da ya fi tsorata ni shirun. Zakara ya daina cara a gindin bango, mai manja ya daina zuwa, rediyo ta mutu. Yarinyar da suka ce surutunta ne cutar ta yi shiru, su suna murna, ni ina ganin 'yata tana tafiya.

Da na ga haƙarƙarinta yana lotsawa in ta ja numfashi, leɓɓanta sun sauya launi, na ɗaure ta a baya da zane, ƙafafunta suna dukan cinyoyina. Na ce wa maigidana, "Malam, ko ka tada babur, ko in tahi da ƙafa." Ya dubi sashen wansa, ya dube ni, ya tayar da babur. A asibitin da muka fara zuwa suka yi mata allura suka ce mu wuce Tambuwal, tana bukatar iskar da ake sa wa a hanci. Wanda ya san hanyarmu ya san abin da nake nufi in na ce kowane rami sai da na ji shi a ƙirjin yarinyar nan.

A Tambuwal muka tarar da layin yankar kati kamar ana rabon taki. Ga ƙarar janareta, ga jama'a, ga kukan jarirai. Ruma ta tattara ɗan ƙarfin da ya rage mata ta kama ihu tana buga kanta a bayana. Wata mata mai lafiyayyen mayafi ta ce mini, "Baiwar Allah, ki tsawata ma ɗiyarki mana, ƙatuwa da ita." Na dube ta sama da ƙasa na haɗiye abin da ya zo bakina, don a ranar ba ni da lokacin faɗa. Allah ya saka wa wani dattijo da ya ba mu wurinsa a layi da alheri, ban san sunansa ba.

Likitar mace ce, yarinya-yarinya. Ta saurari ƙirjin ta ce me ta shaƙa? Maigidana ya ce turare. Na ce barkono ne a garwashi, an rufe ta da bargo. Ta ajiye abin rubutunta. Maigidana ya dube ni, don shi har lokacin maganar wansa ce a kansa. Aka yi hoton ƙirji. Ta ce hayaƙin ya ƙone hanyar numfashi, ciwo ya samu ƙofa ya shiga huhu. Nimoniya ta kira shi. Ta ce da mun ƙara kwana a gida da wani zancen ake yi.

Kwanciyar asibiti da yaro irin Ruma, sai wanda ya yi. Robar hanci fizge ta take yi, allurar ƙarin ruwa haka. Ranar farko ma'aikata suka taru suka danne ta, wata tana cewa ba a yi mata tarbiyya ba. Na ce su ɗaga ta, danniya ce ta kawo mu nan. Muka yi cacar baki har masu jinya suka taru. Amma a ɗakin nan dai akwai wata tsohuwar nas da ta lura Ruma tana bin marafan kwalaben allura da ido. Ta tara mata su a leda ta zube mata a kan gado. Ruma ta shiga jera su a bakin katifa, aka sa mata robar hanci ba ta ko ɗaga kai ba. Daga ranar duk wanda zai taɓa ta sai an fara zube mata marafanta. Matar nan ina sa ta a addu'a tare da iyayena.

Awakina suka tafi a magani, maigidana ya sayar da ɗan maraƙin da yake tanadi don huɗa. Yayata Kulu, da ke aure a Tambuwal, ita ta riƙa kawo mana abinci safe da yamma. Baffa Sahabi kuwa ko leƙe. Saƙo ya aiko, wai mun katse aiki a tsakiya, abin da ya samu yarinya mu muka ja.

A mako na biyu zazzaɓi ya sauka, ta fara karɓar kunu. Cikin na uku, wata safiya likita tana duba mai gadon kusa da mu, sai wayarta ta yi ƙara. Ta laluba aljihu ta ciro, ba kowa. Ta mayar, ta sake ƙara. Sai ta juyo ta ga Ruma tana jera marafai, ƙarar tana fita daga bakinta. Likita ta yi dariya, ni kuwa na fashe da kuka, don tun ranar hayaƙi ban ji komai daga bakin nan ba sai tari.

Ta ja kujera ta yi mini tambayoyi tun daga goyo. Da na gama ta ce, "Abin da ke tare da 'yarki otizim muke ce masa, a rediyo za ki ji suna cewa galahanga. Ba aljani ba ne, ba laifinki ba ne, kuma ba allurar da ke cire shi. Haka Allah ya yi ƙwaƙwalwarta. Koya mata ake yi, mu ma mu koyi zama da ita." Shekara bakwai ina jiran wani ya ce ba laifina ba ne. Ta ce akwai wata malamar firamare a garin, Malama Saratu, mai tara yara ran Asabar, in je in gan ta.

Da aka sallame mu muka zauna gidan Yaya Kulu saboda komawa asibiti, maigidana ya koma Kebbe. Ranar da na fara zuwa wurin Malama Saratu raina ya ɓaci. Zaure ne babba na gidan mahaifinta, yara sun baje a tabarmi, wasu suna zane da gawayi da jar ƙasa, wasu suna gina shanu da laka, wasu sun ɗaura gemun auduga suna wasan kwaikwayo. Na ce a raina, na sayar da awakina, an turo ni wasan yara. Akwai kurame biyu, akwai mai sanda, akwai biyu masu irin halin Ruma, sauran kuwa 'ya'yan unguwa ne, duk a cakuɗe. Malamar ta ce mini ƙanenta irin Ruma ne, a ɗaure ya girma a bayan ɗaki, shi ya sa ta fara wannan abin.

Tsarin wurin ya ba ni mamaki. Ba a tafi, ba a guɗa. In wani ya burge, sai yara su ɗaga hannuwa sama su kaɗa yatsu. Ƙwaryar kiɗa an naɗe ta da tsumma don kada ta yi ƙara. Komai da jerinsa, abin da aka fara da shi wannan Asabar da shi za a fara wata. Ruma ta shiga ta ba kowa baya ta fuskanci bango. Na tashi in juyo ta, Malama ta riƙe mini hannu.

"Bar ta, Maman Ruma. Tana jinmu. Nan ba a jan kowa."

Haka muka yi ta zuwa tana kallon bango, ni ina ƙunƙuni a hanya. Sai wata Asabar wani yaro yana kwaikwayon ɗan acaba, yana ta burr-burr da baki kamar tunkiya mai mura. Daga lungu sai muka ji an buga babur, ya ƙi tashi, an sake bugawa, ya kama, har da sauya giya. Babur ɗin ubanta ne, na san shi. Yara suka ɗaga hannuwa suna kaɗa yatsu. Ruma ta ɗan waiwayo ta saci kallonsu. Daga ranar ta zama mai sautin wasa. Malama ta zana mata da'ira da toka a gefe, ta ce nan ne wurinta, in ta gaji ta fita ba mai tambayarta. Zakara ita ce, jaki ita ce, ƙofa mai ƙara ita ce. Abin da ya sa aka gudu aka bar takalmi a gidanmu, shi yara ke rigimar a ba su ita a wasansu saboda shi.

Azumi ya kama, suka fara shirin tashe. Nasu da la'asar suke yi, gidajen iyayensu kawai, don yaran ba sa jure cunkoso da ganguna. Ana cikin haka saƙo ya zo daga Kebbe. Baffa Sahabi zai zo da maigidana su ɗauki Ruma, a kai ta gidan mai maganin nan ta zauna har a ƙarasa aiki. Na san gidan a bakin wata maƙwabciyarmu da ɗanta ya zauna can. Mari ake sa musu a ƙafa, hayaƙi kuma safe da yamma. Likita ta riga ta gaya mini huhun Ruma ba zai ɗauki ko hayaƙin murhu ba. Amma ni wa? In na ƙi, a sake ni a karɓe ta, ɗa na dangin uba ne. Duk wadda ta yi aure a garuruwanmu ta san ba ƙarya nake yi ba.

Suka iso da la'asar. Yaya Kulu ta shimfiɗa musu tabarma a tsakar gida. Na durƙusa na gaida Baffa, na faɗa masa duk abin da likita ta ce. Ya saurara yana jan carbi.

"Likita ta san huhu, ba ta san iska ba," in ji shi. "Ki haɗa mata kayanta, gobe da sahe muna tahiya."

Na dubi maigidana. Ya kafa wa tabarma ido.

Sai ga sallamar 'yan tashe, Malama Saratu tana bayansu, Ruma a cikinsu da ɗan kwalinta a karkace. Ranar gidanmu ne a layi. Malama ta zana da'irar toka, Ruma ta shiga. Wasan na wani mai maganin ƙarya ne, da gemun auduga da buhun ganye, an kawo masa maras lafiya. Ruma ta yi carar zakara, ta yi babur ɗin mai magani yana isowa. Maigidana ya ɗago kai da ya ji babur ɗinsa, har ya yi murmushi. Matan maƙwabta sun shigo ana ta dariya.

A duk gwajin da suka yi, maras lafiyar kwanciya kawai take yi a tabarma. Ranar nan sai mai gemun auduga ya ji daɗin dariyar mutane, ya fizgi zane a kan igiya ya lulluɓe maras lafiyar da shi. Na ga Ruma ta sandare. Malama ta yi sauri ta yaye zanen, amma Ruma ta riga ta fito daga da'irarta. Ta tsaya a tsakiyar fili tana kallon bango, ta buɗe baki, sai muryar Baffa Sahabi:

"Ku danne ta! Kama ƙafar! Ƙara barkono, malam, ƙara!"

Mata suka kwashe da dariya, don ga mai muryar a zaune, kuma ba ta bar komai ba, har kaurin maƙogwaronsa. Sai ta sauya zuwa muryar mai magani yana surkullensa. Sai tari. Dariya ta fara mutuwa. Sai wata ƙaramar murya da ban taɓa ji ba, ni da na haife ta, siririya, a shaƙe:

"Baba. Baba, zo. Baba, zafi."

Ta koma muryar Baffa: "Kada ku kula, ba ita ta ba, yaudara ta shika yi. Kuma kada wanda ya gaya ma ubanta."

Daga nan ta toshe kunnuwa ta tsuguna tana rawar jiki. Malama ta zauna kusa da ita ba ta taɓa ta ba, ta zube mata marafanta a ƙasa. Baffa ya miƙe ya ce wane irin rashin kunya ne wannan, wa ya koya mata? Yaya Kulu, Allah ya ƙara mata lafiya, ta ce daga bakin murhu:

"Malam Sahabi, tashe na. Yaushe anka fara hushi da 'yan tashe? Kai ma ka yi shi kana yaro. Sadaka aka ba su, ba faɗa ba."

Ya duba, ga mata cike da gida, ga yara da ƙwaryarsu suna jira, ga azumi a bakinsa. Kowa ya san ko hakimi 'yan tashe suka kwaikwaya dariya yake yi ya ba da hatsi. Ya sa hannu a aljihu ya jefa musu abin da ya samu, ya koma ya zauna. Ban taɓa ganin sadakar da ta fita da ƙyar kamar wannan ba.

Can maigidana ya ce, "Yaya, ta kira ni?"

"Na ce maka aljani na."

"Ni dai anka kira. Shekara nawa nika tsugunawa gabanta ina roƙon kalmag ga? Ta kira ni, ni ina kasuwa ina bin baƙar kaza, kuma kac ce kada a gaya min." Ya share fuska da hannun riga. "Yaya, ka riƙe ni, ka yi min aure, ban taɓa ce maka a'a ba. Ruma ba ta zuwa ko'ina."

Baffa ko buɗa-baki bai tsaya yi ba. Har yau gaisuwa ce kawai tsakaninsu, kuma a Kebbe ana cewa ni na raba 'yan'uwa. Su faɗa. Wanda ya danne mini 'ya a kan garwashi bai taɓa cewa in yi haƙuri ba, mai maganin kuma yana nan yana yawo da buhunsa, ana kai masa 'ya'yan mutane.

Mun koma gida bayan Sallah. Ruma ta warke, amma ba duka ba. In sanyi ya shigo sai tari ya tashi, murhu ma na mayar da shi bayan gida saboda ita. Tabon ƙwaurinta yana nan. Duk lokacin da hanya ta yi kyau ubanta yana ɗora mu a babur ran Asabar mu je wurin Malama Saratu, Allah ya biya ta. Yanzu Ruma takan ja hannuna ta nuna abin da take so, wani lokaci ta ari maganar wani ta faɗa mini bukatarta. In tana jin ƙishirwa, muryar kakarta take yi tana neman buta, kuma ba mai gudu.

'Yan'uwana mata, in ɗanku ba ya kallon ido, ba ya amsa kira, yana maimaita abin da ya ji, ku kai shi asibiti a duba. Ku yi masa addu'a, amma duk mai maganin da ya ce sai uwa da uba sun fita kafin ya yi aiki, to shi za ku fitar. Kuma ku kiyayi bakinku a gaban yaran nan, suna ji, suna ajiyewa.

Kalmar nan kuwa Ruma ba ta sake faɗinta ba tun ranar tashe. Ubanta ma ya daina roƙonta. Yanzu in ya dawo daga gona yakan jingine babur, ya tsuguna a gabanta tana jera gorubarta, ko ta dube shi ko kada ta dube shi, ya ce, "Na'am, Ruma. Ga ni, na zo."